Garin Ɗanwake da Haɗin Miyar Wake na Tsaraba: Nasiha Ga Masu Awo da Dillalai

 Yau za mu ɗan ajiye jerin farashi gefe guda, mu yi magana a kan wani ciniki da ke wucewa ta gaban rumfunanmu kullum, amma da yawa cikinmu ba su ɗauke shi a bakin komai ba. Watau matan da ke zuwa su auni wake kwano biyu ko uku, su haɗa da alabo da kuka da kanwa, su ce za a yi wa 'yar da ke gidan miji gari, ko za a aika wa ɗa da ke karatu a nesa, ko kuwa tsaraba za a kai wa 'yan'uwa a Ikko ko Kumasi.

Awon kaɗan ne, gaskiya. Amma wannan wake ba cikin tukunyar mai saye zai tsaya ba. Zai shiga gidan surukai, zai shiga hannun baƙi, kuma sunan mai kyautar yana tafe tare da shi. In ya yi kyau a yaba mata, ita kuma ta dawo rumfarka da ƙawayenta. In aka buɗe aka tarar da ƙwaro, ko aka ji warin magani, ita ce za ta sha kunya, kai kuwa ka rasa ta har abada, kuma ba za ta yi shiru ba. Hausawa sun ce wake ɗaya shi ke ɓata gari. To, a nan maganar ba karin magana kaɗai ba ce.

Iri biyu ne ake haɗawa

Na farko shi ne garin ɗanwake, wanda kowa ya sani: wake da alabo da garin kuka, a niƙe su wuri ɗaya. Wasu gidajen suna sa dawa ko alkama ko fulawa a madadin wani kashi na alabon. Na biyu shi ne haɗin miyar wake, watau surfaffen wake da aka cire wa ɓawo aka busar aka ɓarza, sa'an nan a haɗa shi da ƙunshin kayan miya busassu: daddawa, barkono, kauɗar tumatir, busasshen tattasai, gabu, citta, masoro da kimba. Wanda aka ba sai ya nemi manja da gishiri da ɗan kifi ko nama kawai, miya ta haɗu.

Ba mu kaɗai ke irin wannan kyauta ba. A Amurka akwai al'adar jera busasshen wake iri-iri cikin kwalba, launi bisa launi, a ɗaura masa ɗan ƙunshin kayan yaji da takardar yadda za a dafa, a ba maƙwabta lokacin Kirsimeti. Cikin abin da suke jerawa har da farin waken nan namu mai baƙin ido, wanda asalinsa na Afirka ne, ya ƙetara teku zamanin cinikin bayi. A Gana kuwa, shinkafa da waken da suke kira waakye daga bakin Hausawan zango sunan ya fito. Ashe waken nan ya riga mu yawon fatauci. Nijeriya ce kan gaba a duniya wajen noma shi, Nijar na bi mata, saboda haka in ana batun kyautar wake mu ne ya kamata mu fi kowa iyawa.

Sai dai gargaɗi ɗaya. Akwai wani jan wake mai siffar ƙoda da ake shigowa da shi manyan kantuna. Ba irin namu ba ne. Yana da wani dafi da ba ya mutuwa sai an jiƙa shi an tafasa shi sosai, aƙalla minti 10 yana ɓararraka, kafin a ci gaba da dahuwa. Kada wani ya ga kyan launinsa ya niƙa shi cikin garin ɗanwake, domin dahuwar ɗanwake gajera ce.

Zaɓen wake

Duk wanda ya taɓa shiga Dawanau, ko Potiskum, ko Maigatari, ko kasuwar Maraɗi, ya san wake suna ne kawai ya tara su. Akwai Kanannado mai manyan ƙwaya, akwai Ɗan Ila, akwai Aloka, akwai jan wake na wajen Barno wanda mutanen Kudu suka fi so, shi ake lodi zuwa Bodija ta Badun da kasuwannin Ikko. Don gari da miya, farin wake mai saurin sakin ɓawo shi ya fi, domin garinsa ya fi haske, kuma mai surfe ba ta wahala. Manyan ƙwaya ado ne ga wanda zai dafa wake da shinkafa. Wanda zai niƙa kuwa bai kamata ya biya kuɗin girman ƙwaya ba, tun da inji ba ya tambayar girma. Mai awo na kirki zai gaya wa mai saye haka, ko da ƙaramin ya fi araha.

Abu uku ake dubawa kafin a auna. Na ɗaya bushewa. A ɗauki ƙwaya a ciza: in ta fashe da ƙara ta bushe, in ta lotsa da sauran danshi. Wanda ke son ya tabbata sai ya sami kwalba busasshiya, ya zuba wake da ɗan busasshen gishiri, ya rufe ya girgiza ya bar ta ta ɗan jima. In gishirin ya manne a jikin kwalba, waken bai isa ajiya ba, balle niƙa.

Na biyu ƙwaro. Kada a tsaya ga saman buhu. A zura hannu ko abin zunguro har ciki, a baza a tafin hannu a cikin haske. Huda zagayayya kowa ya san ta. Abin da ke wuce wa mutane shi ne ɗan farin ɗigon nan da ke manne a jikin ƙwaya kamar ƙwayar gishiri. To, ƙwan ƙwaro ke nan. Wake zai iya zama ba huda ko ɗaya, alhali tsutsa tana ciki tana ci.

Na uku wari. A kai wake hanci. Wake mai lafiya ƙamshin ƙasa da rana yake yi. In aka ji wari mai hawa kai kamar na kananzir ko na maganin sauro, ko aka ga hannu ya yi fari da wata hoda, a mayar da buhu a ɗaure, komai arahar da aka yi.

Ƙwaro da maganin da ya fi ƙwaro ɓarna

Ƙwaron wake tun daga gona yake biyo amfani. Macen tana saka ƙwai a jikin kwanso ko ƙwaya, tsutsa ta huda ta shige, ta ci ta girma a ciki, ta fito da fiffike. A lokacin zafi wannan zagaye ba ya wuce mako uku zuwa huɗu. Ku lissafa da kanku: daga kaka zuwa faɗuwar damina zuriya nawa ke nan? Shi ya sa buhun da aka saya tas a watan Nuwamba, in ba a kula ba, kafin watan Mayu ya zama dusa da ƙura. Kuma shi ya sa farashi ke sauka da kaka ya yi ta hawa har tsakiyar damina: mai ajiya ba jira kaɗai yake sayarwa ba, har da yaƙin da ya yi da ƙwaro.

A nan ne shaiɗan ke shiga kasuwa. Wasu, don tsoron asara, sai su yayyafa wa wake fiya-fiya, wanda a jikin kwalba ake rubuta DDVP. Wannan magani na feshin gona ne da kashe ƙwari, ba a yi shi don a zuba a kan abin da mutum zai ci ba. Wasu kuma su jefa ƙwayar bom cikin buhu tsirara, su ajiye a ɗakin da yara ke kwana, alhali iskar da take fitarwa tana kashe mutum kamar yadda take kashe ƙwaro. Aikinta na ƙwararru ne, a rufaffen sito nesa da wurin kwana, a ƙunshe ta yadda tokarta ba za ta taɓa hatsi ba, a kuma sha iska kafin a fitar da kaya kasuwa.

Abin ya taɓa jawo mana asarar da ta fi ta buhu ɗaya. A watan Yuni na 2015 Tarayyar Turai ta dakatar da shigar busasshen wake daga Nijeriya, saboda an yi ta samun wannan magani a ciki fiye da ƙima. Iyakar da suka yarda da ita miligiram 0.01 ce a kowane kilo, amma an sami kayan da ya kai miligiram 4.6. A 2016 aka ƙara wa'adin hanin da shekara uku. Manomin da bai taɓa ganin kwalbar fiya-fiya ba shi ma ya sha hukuncin tare da masu laifi. A 2019 kuma hukumar NAFDAC ta hana sayar da ƙananan kwalaben maganin a kasuwanni.

Ku lura da wannan, domin shi ne gishirin maganarmu ta yau. Matar da za ta dafa wake da shinkafa tana wankewa, wata ma ta tafasa ta zubar da ruwan farko. Amma garin ɗanwake, gidaje da yawa tsince waken kawai suke yi su kai inji, ba wanki. Duk abin da ke jikin ƙwaya ya shiga gari ke nan, ya shiga cikin amarya da mai ciki da yaro. Saboda haka in mai saye ta ce na niƙa ne, nauyin da ke wuyanka ya ninka.

Ajiya ba da magani ba

Wani zai ce, to Malam, in ba mu sa magani ba mu zuba ido ƙwaro ya cinye jarinmu? A'a. Akwai hanya, kuma ba sabuwa ba ce. Kakanninmu suna cakuɗa wake da tankaɗaɗɗiyar toka, awo da awo, su zuba a tulu su liƙe baki. Wannan yana yi ga ɗan abin gida. Akwai kuma durom ko jarka mai murfin da iska ba ta shiga, a cika ta har baki a toshe.

Ga mai buhuna kuwa akwai buhun PICS, wanda masana na Jami'ar Purdue ta Amurka suka fito da shi tare da masu bincike na ƙasashenmu, aka fara yaɗa shi a Afirka ta Yamma daga 2007. Hawa uku gare shi: leda biyu masu kauri a ciki, buhun saƙa a waje. A zuba busasshen wake, a matse iska, a ɗaure leda ta farko ita kaɗai, a ɗaure ta biyu ita kaɗai, kana a ɗaure na waje. Ƙwaron da ke ciki zai shanye 'yar iskar da ta rage, daga nan ya daina ci ya daina haihuwa ya mutu. Sharaɗinsa shi ne kada leda ta huje, kada a riƙa buɗewa ana ɗiba, a kuma ɗora shi a kan katako nesa da ɓera. In bai huje ba yana sake yin wata kakar.

Ga wadda ta sayi kwano biyu ko uku, rana ma ta isa. Bincike ya nuna zafin da ya kai digiri 57 na tsawon awa ɗaya yana kashe ƙwai da tsutsa da uwar. A shimfiɗa busasshiyar ciyawa, a ɗora baƙar leda, a baza wake ba da kauri ba, a rufe da farar leda mai nuna ciki, a naɗe gefe a danne da duwatsu, a bar shi awa biyu da tsakar rana. Mai firji mai ƙanƙara kuma ya ɗaure a leda ya sa a ciki na 'yan kwanaki.

Har wa yau, kada a ruɗe ku da sunan sabon iri. Waken SAMPEA 20-T da cibiyar binciken aikin gona ta Samaru, Zariya, ta fitar a 2019, tsutsar da ke cin fure da kwanso a gona yake jure wa. Ƙwaron sito daban ne, shi ma yana bukatar ajiya irin ta kowane wake.

Yadda ake haɗawa

Lokacin da ya fi dacewa shi ne hunturu: wake sabo ne, farashi bai hau ba, iska a bushe take. Da damina sai an yi da gaske, domin gari yana jan danshi.

Garin ɗanwake kowane gida da awonsa. Wasu suna yin awo ɗaya na wake, awo biyu na alabo, da kuka gwargwadon yadda zai yi danƙo ya kama jikinsa. Mai son ɗanɗanon wake ya fito sai ta ƙara wake ta rage alabo. Shawararmu ita ce a tsince waken, a wanke shi sama-sama, a shanya ya bushe ƙarau kafin a kai inji. Alabo a zaɓi fari tas wanda aka jiƙa ya jiƙu aka shanya ya bushe. Mai baƙin tabo ko warin fumfuna a bar wa mai shi, haka ma mai ɗaci, domin rogon da ba a gyara da kyau ba yana da guba. Kuka a nemi koriya shar wadda aka busar a inuwa. Wadda ta koma ruwan ƙasa ta tsufa, ba ta da yauƙi. Kanwa gara a ƙunshe ta daban, mai girki ta jiƙa ta kwaɓa da ruwanta. Kuma a sa kaɗan, musamman in gidan akwai mai hawan jini ko mai jego, domin likitoci suna gargaɗi a kan yawanta.

A wurin niƙa a nemi injin busasshen kaya, ba wanda aka gama markaɗe a cikinsa ba, ba kuma wanda ya gama niƙa barkono ba. Gari yana fitowa daga inji da zafi. Wanda ya ɗaure shi a leda nan take, zai yi gumi ya dunƙule ya yi tsami cikin 'yan kwanaki. A baza shi a faranti ko tabarma mai tsabta ya huce sarai, a tankaɗe da rariya mai laushi, sa'an nan a ɗura.

Haɗin miya kuma, a surfa wake a wanke ɓawon, a shanya a rana har sai ya koma yana ƙara in an motsa shi, kana a ɓarza. Kayan miyan a daka su a ƙunshe daban. Daddawa ita ma ƙunshinta daban, domin tana da maiƙo kuma warinta yana kama komai. Kada a zuba gishiri ko dunƙulen ɗanɗano a cikin wake, suna jawo ruwa. Busasshen kifi in za a haɗa, a ƙara gasa shi a ba shi tasa ledar, shi ya fi komai saurin lalacewa.

A ɗura a leda biyu ko roba mai murfi, a rubuta ranar da aka niƙa a jiki, da ajami ko da boko. A gaya wa wanda aka ba ya ci cikin wata biyu ko uku, domin gari ma yana da nasa ƙwaron. In ɗalibi ne ko gwauro, a haɗa masa da 'yar takarda: a kwaɓa da ruwan kanwa, a riƙa jefawa cikin tafasasshen ruwa, in ya taso a bar shi ya ƙara nuna, a tsame cikin ruwan sanyi, a ci da mai da yaji. Kyautar da mai karɓa bai san yadda zai yi da ita ba rabin kyauta ce.

Lissafin mai son ya mai da shi sana'a

Ga wanda ya ga kasuwa a ciki, lalle akwai ta: gabanin azumi, lokacin bukukuwan aure da ake haɗa gara, komawar 'yan makaranta, da matafiya Kudu da Gana da Kamaru. Amma a yi lissafi tukuna. Bayan kuɗin wake da alabo da kuka, akwai ladan tsinta da surfe, kuɗin niƙa, dako, leda, da la'adar dillali. Akwai kuma raguwa: tsakuwa da ɓawo da tsaki da abin da ya maƙale a inji duk kuɗinka ne suka tafi.

Ga wani tarko da ke kama sababbin shiga. Gari ya fi ƙwaya cika kwano, domin yana da iska a tsakaninsa. Sai mutum ya niƙa, ya auna, ya ga kwanuka sun ƙaru, ya yi murna ya ɗauka riba ce, alhali a sikeli nauyi raguwa ya yi. Haka kuma buhun da aka ce mai kwano 40 ne, kwanon wata kasuwa ba na wata ba ne, tiyar Damagaram daban, mudun Zariya daban. Mai wannan sana'a ya sayi sikeli, ya auna abin da ya shiga da abin da ya fito, sa'an nan ya yanke farashi. Wanda kuma zai buga suna a leda ya kai kantuna, ya sani abincin da aka ƙunshe don sayarwa sai da rajistar NAFDAC. Kyautar gida ba ta bukatar wannan.

Algus kuwa, irin cika gari da alabo a ce wake ne, ko niƙa hudajjen wake don ba a gani a cikin gari, ribarsa ta kwana ɗaya ce. Tukunya ba ta rufa asiri. Ɗanwaken da ya narke a ruwa ko ya yi warin ƙwaro, ranar farko za a gane.

Ya kai dillali, kai ne idon mai saye a cikin sito. Tambayi mai kaya yaushe aka girbe, a me aka ajiye, me aka sa. In ya kauce wa amsa, kai ma kauce wa kayansa. Ya kai mai awo, ware buhu ɗaya da ka tabbatar da asalinsa, ka ce wannan na masu niƙa ne, ko da za ka ɗora ɗan abu a kan kwano. Za su biya, kuma za su dawo, domin matar da ta fita kunyar surukai ta dalilinka ba ta manta rumfarka.

Allah ya ba da kasuwa mai albarka, ya kare mu daga asara. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba. Wassalam.